Minti 24 a Maimakon 15: Yadda Hutun Rabin Lokaci na Wasan Chelsea da PSG Ya Rikita Wani Gidan Kallo a Maradi

A ranar Lahadi, 13 ga Yuli 2025, Chelsea ta Ingila da Paris Saint-Germain (PSG) ta Faransa suka kara a wasan ƙarshe na gasar cin kofin duniya ta ƙungiyoyi, a filin wasa na MetLife da ke jihar New Jersey a Amurka. An sa wasan ƙarfe 3 na rana agogon can, wanda ya zo daidai da ƙarfe 8 na dare agogon Nijar. Ni na kalle shi ne a wani gidan kallon ƙwallo da ke unguwar Zariya a nan Maradi, inda na saba zuwa shekara da shekaru, kuma abin da zan bayyana shi ne yadda hutun rabin lokaci na wannan wasa, wanda ya kai kimanin minti 24 saboda bikin mawaƙa da aka shirya a cikinsa, ya wargaza tsarin da mai gidan ya daɗe yana tafiya a kansa, ya kuma bar mutane da ɓacin rai a daren da ya kamata rabinsu su koma gida da murna.

Gidan kallon rumfar kwano ce mai faɗi, an kewaye ta da langa-langa, an jera bencina, an rataye talabijin biyu a gaba da fanka uku a sama. A bakin ƙofa akwai allon da ake rubuta wasannin rana da alli, kowane wasa da lokacin farawarsa. Kuɗin shiga dala 20 ne, wato sefa 100, a manyan wasanni kuma akan ninka shi. Mai gidan, wanda kowa ke kira Alhaji, yana da yara biyu, ɗaya yana karɓar kuɗi a ƙofa, ɗaya kuma yana kula da injin wuta da ke bayan rumfar. Ribar sana'ar ba ta taka kara ta karya ba, domin daga abin da aka tara ne ake biyan kuɗin tasha na wata-wata, a sallami yara, a sayi mai duk daren da aka ɗauke wuta, kuma a damina irin wannan dare ba ya wuya. Saboda haka Alhaji yana auna man da zai saya ne da tsawon wasa, kwalba-kwalba, daga wurin 'yan ruwa-ruwa na bakin titi.

Wannan wasa ya cika rumfar fiye da yadda aka saba, kuma akwai dalili. Maradi tana kallon Faransa ta fuskar makaranta da tashoshin da muke kamawa, tana kuma kallon Najeriya ta fuskar kasuwa da dangi, ta hanyar Ɗan Isa zuwa Jibiya da Katsina, inda son ƙungiyoyin Ingila ya yi ƙarfi. Magoya bayan Chelsea a nan sun gaji ƙaunarta tun zamanin Didier Drogba da Michael Essien da John Obi Mikel. Magoya bayan PSG kuwa sun zo da ƙarfin gwiwa, domin ƙungiyar su Achraf Hakimi da Ousmane Dembélé ta ci Inter Milan 5 da nema a wasan ƙarshe na gasar zakarun Turai ranar 31 ga Mayu, sannan ta ci Real Madrid 4 da nema a wasan kusa da na ƙarshe na wannan gasa.

Kafin a fahimci abin da ya lalace, sai an san yadda ake amfani da minti 15 na hutu a wannan rumfa, domin babu minti ɗaya da ke tafiya a banza. Da alƙalin wasa ya busa, idan da inji ake aiki, yaron baya yakan kashe shi nan take, saboda ba a zuba wa inji mai yana ruri, kuma yana buƙatar ya ɗan huce. A daidai lokacin ne ɗayan yaron yake shimfiɗa tabarmi a filin da ke gefen rumfar, ya fito da butoci. Wasan ƙarfe 8 a watan Yuli yana cin karo da kiran sallar isha'i, wadda ake kira bayan an fara wasa da kusan sulusin awa. Wasu dattawa sukan tashi su tafi masallaci da jin kiran, wanda shi ne ya fi, amma mafi yawan masu kallo sukan jira hutu su yi jam'i a nan, wanda ya fi karatu a cikinsu ya shige gaba. Alwala da salla suna cin kusan minti 10 idan an hanzarta. Mai shayin da ke bakin ƙofa ya san haka, don haka yakan tafasa ruwansa ya jera kofuna tun kafin a busa, ya sallami waɗanda suka riga suka yi salla da farko, sauran kuma su karɓa a tsaye bayan sallama. A minti na 12 Alhaji yakan duba agogon hannunsa ya ɗaga wa yaro hannu, a ja igiyar inji, na'urar kama tasha ta ɗauki minti ɗaya ko biyu kafin hoto ya dawo, kuma sau da yawa hoton yana dawowa ne daidai lokacin da 'yan wasa ke fitowa daga ɗakin sauya kaya. Na sha ganin wannan tsari yana tafiya ba tare da kowa ya ɗaga murya ba.

Alhaji bai ƙirƙiro adadin nan da ka ba. Doka ta 7 cikin dokokin ƙwallon ƙafa, wadda ta yi magana a kan tsawon wasa, ta ba 'yan wasa haƙƙin hutu tsakanin rabi biyu wanda bai wuce minti 15 ba, ta wajabta wa kowace gasa ta bayyana tsawon hutun a cikin ƙa'idojinta, ta kuma ce ba a sauya shi sai da izinin alƙalin wasa. Hukumar da ke riƙe da waɗannan dokoki ita ce IFAB, wadda aka kafa a 1886, kuma a cikinta hukumomin ƙwallo na Ingila da Sikotilan da Wales da Ayalan ta Arewa suna da ƙuri'a ɗaya-ɗaya, FIFA tana da 4, sannan ba a sauya doka sai da ƙuri'a 6 cikin 8. A 2021 hukumar ƙwallon Kudancin Amurka, CONMEBOL, ta nemi a ba da damar tsawaita hutun zuwa minti 25 domin a samu sararin nishaɗi, IFAB kuma ta ƙi, bisa hujjar cewa doguwar zama tana iya cutar da lafiyar 'yan wasa. Alhaji bai taɓa karanta dokar ba, amma dubban wasannin da ya nuna sun koya masa ita, har ta zama masa kamar awon mudu a kasuwa, wanda mai saye da mai sayarwa suka yarda da shi ba tare da an sake tambaya ba.

A wancan dare hadari ya taso tun kafin magariba, iska ta kaɗa, aka ɗauke wuta. Mutane sun fara shigowa da wuri domin neman wurin zama, saboda haka aka tayar da inji wajen ƙarfe 7 da rabi. Alhaji ya tanadi man da yake ganin zai kai shi har ɗaga kofi, tun da ya san cewa a wasan ƙarshe mutane ba sa tashi sai sun ga kofin a hannun kyaftin. Abu na farko da ya fara cin lissafinsa shi ne bikin buɗewa, wanda aka yi da waƙoƙi da taken Amurka da shawagin jiragen yaƙi, har aka wuce ƙarfe 8 da 'yan mintuna kafin a take leda. Cole Palmer ya ci wa Chelsea ƙwallo ta farko a minti na 22, jim kaɗan bayan an ji kiran isha'i daga masallacin unguwa, ya ƙara ta biyu a minti na 30, João Pedro kuma ya ci ta uku a minti na 43. An tsaya hutun shan ruwa saboda zafin rana a can, an kuma ƙara lokaci, don haka sai wajen ƙarfe 9 agogonmu alƙalin wasa Alireza Faghani ya busa hutu.

Aka kashe inji kamar kullum, aka juye masa kwalbar ƙarshe. An yi salla a takure a ƙarƙashin inuwar kwano domin yayyafi ya fara, kuma na lura cewa wanda ya ja mu ya zaɓi gajerun surori, mutane suna sallamewa suka miƙe ba tare da sun tsaya addu'a ko shafa'i da wutiri ba. A minti na 12 Alhaji ya ɗaga hannu. Injin ya ƙi tashi sai a ja na huɗu, saboda ya tsufa kuma sanyin damina ya taɓa shi. Da hoto ya dawo, maimakon ciyawa da 'yan wasa sai ga wani dandamali da aka gina can sama a cikin kujerun 'yan kallo, ana kiɗa ana rawa. FIFA ta shirya wannan biki ne tare da ƙungiyar Global Citizen, kuma cikin waɗanda suka yi waƙa akwai J Balvin na Kolambiya da Doja Cat ta Amurka da Tems ta Najeriya, sai ƙungiyar mawaƙa ta Coldplay da ta fito ba tare da an sanar da ita ba. An ɗora dandamalin a sama ne don kada a taɓa ciyawar filin.

Rumfar ta yi tsit na ɗan lokaci, sannan surutu ya ɓarke. Wasu sun ɗauka yaron ya sauya tasha da ya kunna na'ura, suka fara yi masa tsawa. Wani malami da ke zaune kusa da ni, wanda goshinsa bai gama bushewa daga alwala ba, ya juya ya ce, "Alhaji, wannan fa ba shi muka biya mu gani ba. Yanzu muka sallame salla, a taimaka a kashe mana sautin." Wani saurayi daga baya ya amsa masa cikin ladabi, "Baba, a yi haƙuri a bari mana, an ce har da 'yar Najeriya a ciki." Yaron inji kuma ya leƙo ta tsakanin langa-langa yana tambaya, "Maigida, in kashe?" Alhaji ya tsaya yana kallon agogonsa, yana kallon talabijin, kuma na ga cewa bai san amsar ba. Idan ya kashe, injin da ya ƙi tashi sai a ja na huɗu yana iya ƙin tashi gaba ɗaya, ko kuma a dawo wasa suna cikin duhu, a ci ƙwallo ba su gani ba, wanda shi ne babban laifin da masu kallo ba sa yafe wa mai gidan kallo. Idan ya bari, man da ya auna wa ƙwallo yana ƙonewa a kan abin da wasu baƙinsa suke ƙyama. Ya ce da yaron, "Kada ka taɓa shi," ya ɗauki rimot ya kashe sauti.

Haka muka zauna kusan minti 10, muna kallon bakuna suna motsi babu murya, ruwa yana dukan kwano. Wasu magoya bayan PSG, waɗanda dama ƙwallo 3 sun sanyaya musu jiki, suka ce tun da ba a san lokacin dawowa ba gara su tafi kafin ruwa ya yi ƙarfi, biyu daga cikinsu har sun nemi a mayar musu da rabin kuɗinsu. Mai shayi ya riga ya kashe gawayinsa a minti na 12 kamar yadda ya saba, ga mutane zaune suna neman abin da za su sha, ga shi babu ruwan zafi. Wani ɗan kabu-kabu ya gaya mini cewa an kira shi a waya ya kai fasinja nan kusa ya ƙi, saboda yana ganin ba zai dawo kafin minti 15 ba. Abin da ya fi tsaya mini a rai kuwa shi ne maganar malamin nan, da ya ce a hankali, ba da kowa yake ba, da ya san akwai wannan sarari da ya yi sallarsa a natse.

Rabi na biyu bai kawo ƙwallo ba. An ba João Neves na PSG jan kati daf da tashi saboda ya ja gashin Marc Cucurella na Chelsea, aka tashi 3 da nema, sannan hatsaniya ta ɓarke tsakanin ɓangarorin biyu a tsakiyar fili, wadda har mai horar da PSG Luis Enrique ya shiga. An daɗe kafin a kafa dandamalin ba da kyaututtuka, aka fara da kyaututtukan ɗaiɗaikun 'yan wasa, inda Palmer ya karɓi ta gwarzon gasa. Ana cikin rataya wa 'yan PSG lambobinsu na azurfa injin ya yi tari sau biyu ya mutu. Yaron ya ruga bakin titi cikin ruwa, ya tarar 'yan ruwa-ruwa sun kwashe kwalabensu. Magoya bayan Chelsea, waɗanda suka jira wannan lokaci tun farkon dare, sun ga kyaftin ɗinsu Reece James yana ɗaga kofi, Shugaban Amurka Donald Trump na tsaye a gefensa, a kan wayar wani ɗalibi, kawuna kusan 20 sun taru a kan allon da bai fi tafin hannu ba.

Wajibi ne a yi adalci wajen rabon laifi. Tsawon hutun ba shi kaɗai ya cinye man Alhaji ba. Ɗauke wuta da wuri ya ci nasa, jinkirin farawa ya ci nasa, hutun shan ruwa sau biyu da ƙarin lokaci da doguwar jiran kyaututtuka duk sun ci nasu. Shi ma Alhaji yana da nasa kason, domin an sanar da sunayen mawaƙan tun makonni kafin wasan, kuma mai sana'a irin tasa ya kamata ya ajiye kwalbar ko-ta-kwana a daren wasan ƙarshe. Ba a fafe gora ranar tafiya. Shi da kansa ya amince da haka washegari. Sai dai tazarar da ke tsakanin mutuwar injin da ɗaga kofin ba ta fi mintunan da inji ya yi yana aiki a kan hoto marar sauti ba. Da ya san cewa hutun zai kai minti 24, da ya bar injin a kashe har minti na 21, kuma da man ya kai shi.

Akwai wani abin da ya faru a rumfar makonni biyu kafin nan wanda ya taimaka mini wajen gane ainihin abin da ya ɓata wa mutane rai. A ranar 28 ga Yuni, a wasan Chelsea da Benfica a birnin Charlotte, an dakatar da wasa saura 'yan mintuna a tashi saboda barazanar tsawa, aka yi kusan awa 2 ana jira, aka dawo Benfica ta farke, aka tafi ƙarin lokaci, Chelsea ta ci 4 da 1 bayan ƙarfe 1 na dare agogonmu. Wannan jira ya ninka na wasan ƙarshe sau da yawa, amma babu wanda ya nemi kuɗinsa. Hadari ikon Allah ne, mutanen Maradi sun san shi, sun kashe inji sun zauna suna hira, wani yana duba waya yana ba da labari. Jiran 13 ga Yuli kuwa mutane ne suka tsara shi, sun san tsawonsa tun kafin a fara, amma adadin bai iso ga mai rubuta allo a bakin rumfa ba.

Wannan al'ada ta bikin mawaƙa a hutun rabin lokaci ta samo asali ne daga wasan ƙarshe na ƙwallon Amurka, wanda ake kira Super Bowl, kuma wasa ne dabam da namu, da hannu ake yin mafi yawansa, an raba shi kashi 4 na minti 15, agogo yana tsayawa a kai a kai har wasa ɗaya ya wuce awa 3. A wasanninsu na yau da kullum hutun tsakiya bai kai rubu'in awa ba, amma a wasan ƙarshe yana kai wa kusan rabin awa, inda waƙar kanta take cin minti 12 zuwa 15, sauran kuma ya tafi wajen shigo da dandamali cikin fili da kwashe shi. Bikin ya ɗauki wannan girma ne daga 1993, lokacin da aka gayyato Michael Jackson, bayan da a shekarar da ta gabace ta wata tashar hamayya ta janye miliyoyin masu kallo a lokacin hutu da wani shirin barkwanci. Kuɗi ne ke bayan lamarin, domin daga 2023 zuwa 2025 tallar daƙiƙa 30 a lokacin wannan wasa ta kai dalar Amurka miliyan 7 zuwa 8. Abin lura shi ne cewa a can kowa ya san tsawon hutun, ƙungiyoyi suna shirya masa a atisaye, kuma wasan da kansa an gina shi ne a kan tsayawa da tashi. Ƙwallon ƙafa kuwa gudu ne da ba ya yankewa, kuma masu kula da lafiyar 'yan wasa sun daɗe da sanin cewa tsoka tana hucewa a zaman hutu, shi ya sa ake sa 'yan wasa su sake ɗumama jiki kafin a koma.

An riga an gwada abin a ƙwallon ƙafa shekara guda kafin wasan MetLife. A wasan ƙarshe na Copa América, ranar 14 ga Yuli 2024 a Miami, tsakanin Ajantina da Kolambiya, Shakira ta yi waƙa a hutun rabin lokaci, hutun ya kai kimanin minti 25, wato daidai adadin da IFAB ta ƙi amincewa da shi. Mai horar da Kolambiya, Néstor Lorenzo, ya nuna rashin jin daɗinsa tun kafin wasan, yana mai nuni da cewa a cikin gasar nan an hukunta ƙungiyoyi saboda sun makara wajen fitowa daga hutu da ɗan abin da bai kai haka ba. Gaskiya ya faɗa, domin an dakatar da masu horarwa Lionel Scaloni na Ajantina da Marcelo Bielsa na Yurugwai wasa ɗaya-ɗaya a kan wannan laifi. A ganina wannan shi ne wurin da hujjar masu shirya gasa ta fi rauni, tun da ba ya yiwuwa a hukunta mai horarwa a kan minti 1 ko 2 da sunan kiyaye lokaci, sannan hukumar da ta yi hukuncin ta ƙara minti 10 da hannunta. Mutanen rumfarmu ba su ji zafin wancan wasa ba saboda tsakar dare aka yi shi agogonmu, an ma jinkirta shi fiye da awa guda saboda turmutsitsi a ƙofofin fili, har Lautaro Martínez na Ajantina ya ci ƙwallonsa a minti na 112 asuba ta kusa.

Ba zan ce doguwar hutun ta sauya sakamakon wasan Chelsea da PSG ba. An tafi hutu 3 da nema, an tashi 3 da nema, kuma mai son gardama yana iya cewa PSG ce ta fi cin moriyar ƙarin mintunan wajen gyara tsarinta, ko kuma Chelsea ce wajen huce gajiya a zafin rana. Haka kuma ba kiɗa a wurin wasa nake ƙi ba, domin ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Duk wanda ya taɓa shiga filin kokawa na Maradi a lokacin gasar takobi ya san cewa makaɗa da mawaƙa da masu kirari suna cikin wasan tun daga farko har ƙarshe, su ne ma ke zuga ɗan kokawa ya fito. Amma a can kiɗa yana bin wasa ne, ba a tsayar da 'yan kokawa biyu da suka riga suka yi gumi a ce su jira mawaƙi ya gama. Ita ma ƙwallon ƙafa tana da hanyar da ta saba bi. A wasan ƙarshe na gasar zakarun Turai ana yin bikin mawaƙa ne kafin a take leda, haka aka yi bikin rufe gasar cin kofin Afirka a Abijan ranar 11 ga Fabrairu 2024 kafin Kwaddibuwa ta ci Najeriya 2 da 1. Mai son biki ya zo da wuri, wanda ba ya so ya zo a kan lokaci, kuma babu wanda aka tilasta wa.

Ra'ayina shi ne a bar minti 15 yadda doka ta ajiye su. Idan kuwa masu gasa sun nace sai sun yi bikinsu a tsakiya, to mafi ƙarancin haƙƙin da ke kansu shi ne wanda dokar da kanta ta ambata, wato su bayyana adadin mintunan, su yaɗa shi kamar yadda suke yaɗa lokacin farawa, su kuma tsaya a kansa. Mutum 81,118 ne suka shiga filin MetLife a ranar, amma waɗanda suka kalli wasan a rumfuna da fadodin shayi irin namu sun ninka su nesa ba kusa ba, kuma da yawansu sun tsara salla da mai da ciniki da komawa gida a kan wannan rubu'in awa.

Lamarin bai tsaya nan ba, domin tun a watan Maris 2025 shugaban FIFA Gianni Infantino ya sanar cewa wasan ƙarshe na gasar cin kofin duniya ta ƙasashe, wanda aka sa ranar 19 ga Yuli 2026 a wannan fili na MetLife, zai zo da bikin hutun rabin lokaci, karo na farko a tarihin gasar. An sa shi ƙarfe 3 na rana agogon can, wato ƙarfe 8 na dare a Maradi, a tsakiyar damina, a kan lokacin isha'i.

Alhaji ya sauya abubuwa uku tun daga wancan dare. Yana ajiye kwalba biyu ta mai a ƙarƙashin teburinsa waɗanda ba a taɓawa sai a wasan ƙarshe. Ya ɗora wa ɗalibin nan mai waya aikin bin wasa a lokacin hutu, a madadin kuɗin shiga, domin ya sanar da fitowar 'yan wasa kafin a ja igiya. Ya kuma yi magana da malamin da saurayin tare, suka daidaita cewa duk lokacin da hoto ya dawo aka tarar da mawaƙa, talabijin ɗaya za a kashe, ɗayan a bar shi babu sauti. Game da wasan 19 ga Yuli 2026, ya roƙi masu karanta labarai a cikinmu mu nemo masa adadin mintunan hutun domin ya rubuta a allo a ƙarƙashin lokacin farawa. Ya ce idan ranar ta zo bai samu ba, zai tayar da injin a minti na 12 kamar yadda ya saba, ya bar shi yana aiki, ya ƙara dala 10 a kuɗin shiga.